Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Hukumar Ilimin Kimiyya da Fasaha ta Jihar Katsina Kan Koya wa Ɗalibai Haɗa Kayan Lantarki da Hannunsu

Zuwa ga Shugaban Hukuma, da daraktoci, da shugabannin makarantun kimiyya da na fasaha da ke ƙarƙashinta.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Ranku ya daɗe, bayan gaisuwa ta girmamawa da addu'ar Allah Ya taya ku riƙon amanar da ke wuyanku, na rubuto wannan wasiƙa ne a matsayina na malamin kimiyyar fiziks a birnin Katsina domin in roƙi abu guda. Ina roƙon a samar wa kowace makarantar kimiyya da ta fasaha teburin haɗa kayan lantarki, inda ɗalibi zai zauna ya riƙe waya da mitar auna wuta da ƙarfen narka dalma da hannunsa, a kuma ware wa wannan tebur kuɗin gudanarwa a kowane zangon karatu. Na zaɓi in yi maganar a bainar jama'a saboda ta shafi iyaye da malamai da masu gyara na kasuwa kamar yadda ta shafe ku, kuma ina fata wasu daga cikinsu za su ƙara a kan abin da na faɗa.

Duk wanda ya ratsa lungunan Rafindaɗi ko Ƙofar Marusa ko Sabuwar Unguwa bayan la'asar zai ga yara suna jan motocin da suka ƙera da gwangwanin madara da karan dawa, tayoyin kuwa daga tsohon silifa aka yanko su. A cikinsu akwai waɗanda suka wuce nan: sun je wajen 'yan gwangwan sun samo ɗan ƙaramin inji mai juyawa daga matacciyar rediyo ko na'urar faifai, sun ɗaura masa batirin tsohuwar waya da kyauron roba, sun maƙala ƙwan tocila biyu a gaba, har motar tana tafiya da kanta. Babu wanda ya sa su, babu kuma wanda ya ba su ko sisi. Amma dukkansu wuri guda suke tsayawa. Ranar da ƙwan ya mutu ko injin ya yi zafi ya daina juyawa, yaron ba ya sanin dalili, kuma ba shi da wanda zai tambaya. A gefe guda, wannan yaron ko yayansa yana zaune a ajinmu muna rubuta masa dokar Ohm, wadda ake lissafa yawan wutar da ke ratsa kaya da ita, a allo, yana kwafewa, yana haddacewa, yana cin jarrabawar WAEC ko NECO da ita, alhali bai taɓa ɗora tsinken mita a kan batir ya ga lamba ta fito ba. Amsar tambayar da ta tsayar da shi a lungu tana cikin littafinsa na makaranta, sai dai ba mu taɓa nuna masa cewa abu ɗaya ne ba.

Bari in kawo misali da darasi mafi sauƙi, domin a ga abin da nake nufi da teburin aiki. Ana ba ɗalibi ɗan ƙwan LED ja, da wutar bolt 5, da allon gwaji mai ramuka wanda ake soke ƙafafun kaya a ciki ba tare da an narka dalma ba. Idan ya haɗa ƙwan kai tsaye, zai yi haske mai ƙarfi na ɗan lokaci sannan ya ƙone. A nan ne malami zai tambaye shi me ya faru. Jan ƙwai yana riƙe kimanin bolt 2, kuma bai kamata wutar da ke ratsa shi ta wuce miliamfiya 20 ba, saboda haka ragowar bolt 3 ɗin sai an samar musu abin da zai tare su, wato resista. Ɗalibin zai raba bolt 3 da ohm 220, wato ƙarfin resistar, ya samu kusan miliamfiya 14, sannan ya shiga kwalin resistoci yana neman mai zoben ja, ja, da ruwan ƙasa, ya soke ta, ya sa sabon ƙwai, ya ga ya kama lafiya, ya kuma ɗora mita ya ga lambar da ta fito ta yi kusa da wadda ya lissafa a takarda. Na ga fuskokin yara a daidai wannan lokaci, kuma na tabbata wanda ya yi wannan aiki da hannunsa ba zai ƙara buƙatar haddar dokar ba, domin ya riga ya ga aikinta. Abin da aka yi asara a darasin shi ne ƙwai ɗaya, wanda ake sayar da irinsa ɗari a leda guda.

Dalilin da ya sa nake ganin lokacin wannan roƙo ya yi shi ne kayan sun yi araha ƙwarai a cikin shekaru ashirin da suka wuce, kuma waɗanda suka ƙirƙiro su matsala irin tamu suka sa a gaba. A shekarar 2005, a wata makarantar koyon zane da ƙira da ke garin Ivrea a arewacin Italiya, Massimo Banzi da abokan aikinsa suka fito da allon Arduino, ɗan ƙaramin allon lantarki da ake rubuta wa umarni, domin ɗalibansu, waɗanda ba injiniyoyi ba ne, su iya sarrafa fitila da inji da na'urorin ji ba tare da doguwar wahala ba. Suka bar zanen allon a buɗe ga kowa, shi ya sa a yau masana'antu da yawa, musamman a Sin, suke buga irinsa suna sayarwa da rahusa. Samfurin da aka fi sani, wato Uno, yana da ƙafafu 14 na kunnawa da kashewa da wasu 6 na auna ƙarfin wuta, kuma waɗannan sun ishi ɗalibin sakandare aikin shekara guda. A Ingila kuma, Eben Upton da wasu malamai a Jami'ar Kambirij suka lura cewa masu neman gurbin karatun kwamfuta suna raguwa, waɗanda ke zuwa kuma ba su saba da kwance na'ura ko rubuta mata umarni ba, sai suka ƙera Raspberry Pi, cikakkiyar kwamfuta mai girman katin banki, aka fara sayar da ita a Fabrairun 2012 a kan dala 35. A 2021 suka fitar da ƙaramin allonsu mai suna Pico a kan dala 4. A 2016 hukumar BBC ta raba allon micro:bit kyauta ga yara 'yan shekara 11 zuwa 12 a Birtaniya, kimanin miliyan guda, kuma a shekarar ce kamfanin Espressif na birnin Shanghai ya fitar da ESP32, wata ƙaramar na'ura irin waɗannan da ke iya shiga intanet da kanta. Ƙasashen da suka fi mu masana'antu da dakunan gwaji sun ga dole ne a mayar da yaro kan tebur tun yana ƙarami. Kuɗin kwamfutar tafi-da-gidanka guda ɗaya zai sayi irin waɗannan alluna masu yawa, har ya isa aji ya rabu rukuni-rukuni.

Abin da za a gina da su shi ne inda nake so Hukuma ta fi mayar da hankali, domin idan aka bar zaɓin ga masu sayar da kaya, za a kawo mana ayyukan da aka tsara wa yaran wata ƙasa. A ganina ayyukan farko su fito daga abin da ɗalibi yake gani a gidansu. Gidaje da makarantu da masallatai da yawa a Katsina suna da rijiyar burtsatse da tanki a sama, kuma kowa ya san yadda ruwa ke malala idan an manta ba a kashe famfo ba, ko yadda tanki ke ƙarewa ba a sani ba sai an zo alwala. Akwai wata ƙaramar na'ura mai ido biyu, HC-SR04, wadda ke aika sautin da kunnen mutum ba ya ji, mai kaɗawa sau 40,000 a daƙiƙa, sannan ta jira ya dawo; tana iya awo daga santimita 2 zuwa kimanin mita 4. Idan aka kafa ta a murfin tanki tana kallon ruwa, Arduino zai auna lokacin da sautin ya ɗauka, ya ninka da gudun sauti, ya raba biyu saboda tafiya da dawowa, ya faɗi inda ruwa ya tsaya, sannan ya kunna ƙararrawa ko ya ba da umarnin kashe famfo. Ɗalibin da ya kwafo umarnin daga intanet zai tarar an rubuta gudun sauti mita 343 a daƙiƙa, wanda daidai ne a yanayi mai digiri 20. Amma a watan Afrilu a Katsina, lokacin da zafi ke kaiwa digiri 40, sauti yana gudun kusan mita 355, saboda yana ƙaruwa da kimanin 0.6 a kowane digiri. A tankin da zurfinsa ya kai mita ɗaya da rabi, wannan bambanci zai sa awon ya kauce da kusan santimita 5. Yaron da ya sa sanda ya auna ya ga lambarsa ba ta zo daidai ba, ya bi diddigi har ya gano zafin garinsu ne sanadi, ya ƙara na'urar auna zafi ya gyara lissafin, ya koyi fiziks da lissafi da rubuta umarni a aiki guda, kuma ya koyi kada ya yarda da lamba sai ya gwada ta.

Haka nan akwai akwatin ƙyanƙyasar ƙwai, wanda zai yi amfani ga kowane gidan da ake kiwon kaji da zabi. Ƙwan kaza yana buƙatar zafi kusan digiri 37.5 na kwana 21, na zabuwa kuma kwana 26 zuwa 28, tare da danshi da juyawa sau da dama a yini, sai kwanaki uku na ƙarshe da ake daina juyawa. Ɗalibai za su iya haɗa na'urar auna zafi da ƙwan lantarki mai ɗumamawa da ƙaramar fanka a cikin kwali ko tsohon firji, su rubuta umarnin da zai kunna ɗumi idan zafi ya sauka ya kashe idan ya hau. Wannan aiki yana koyar da haƙuri, domin sakamakonsa sai bayan mako uku. Ga ɗaliban da iyayensu ke noman rani a bakin madatsun Jibiya da Zobe da Ajiwa da Sabke, na'urar auna danshin ƙasa da za ta nuna lokacin da ya kamata a tayar da injin ban-ruwa magana ce ta kuɗin fetur, kuma uba zai saurari ɗansa idan ya zo da ita. Fitilar da ke kunna kanta da magariba ta mutu da asuba ba ta ma buƙatar Arduino; resista mai jin haske da transista ɗaya sun isa.

Ban manta da mutum-mutumi ba, domin shi ne ke jawo yara zuwa tebur tun farko. Mafi sauƙinsa ita ce ƙaramar mota mai taya biyu da ke bin baƙin layi a kan farin fili. A ƙarƙashinta akwai idanu biyu masu aika hasken da ido ba ya gani. Fari yana mayar da hasken, baƙi yana shanye shi, kuma da wannan bambanci ne motar ke sanin ta kauce ta dama ko ta hagu sai ta rage gudun taya ɗaya. Duk ɗaliban da suka gwada ta a aji ta yi kyau, suka fito da ita tsakar makaranta da rana, za su ga ta rikice, saboda hasken rana yana ɗauke da irin wannan haske da yawa yana makantar da idanun. Maganin da sukan samo da kansu shi ne su yi wa idanun rumfa da kwali. Jikin motar kuwa ba sai an sayo ba. Yaron nan mai gwangwani da silifa ya riga ya iya ƙera shi, kuma sau da yawa ya fi malaminsa iyawa.

Ranku ya daɗe, ga inda na fi jin tsoro. Idan wannan roƙo ya samu karɓuwa ta hanyar sayo manyan akwatunan kaya masu tsada, a yi bikin rabawa, a ɗauki hotuna, a kai su makarantu, to ba a biya buƙatar ba. Na taɓa aiki a wata makaranta inda wasu masu taimako suka kawo kayan gwaji masu kyau, aka sa malami ɗaya ya sa hannu a kansu, aka gaya masa duk abin da ya lalace a albashinsa za a cire. Bawan Allah ya yi abin da kowa zai yi a matsayinsa: ya kulle su a kabad ya riƙe makulli, ana fito da su ne kawai idan baƙi za su zo. Ban ga laifinsa ba. Ƙa'idar ce ta ɗauki resista da ƙwan LED da transista a matsayin kadarar gwamnati irin tebur da kujera, alhali su kaya ne masu ƙarewa irin alli. Babu telan da ya ƙware bai ɓata yadi ba, kuma babu mai haɗa lantarki da ya ƙware bai ƙona kaya ba. Saboda haka ina roƙon Hukuma ta raba kayan gida biyu a rubuce. Gida na farko shi ne kayan da za a ƙirga a ƙarshen shekara, wato mita da ƙarfen narka dalma da filaya da sukuddireba da kwamfuta. Gida na biyu shi ne kayan da aka yarda za su ƙone ko su ƙare, wato ƙwayaye da resistoci da wayoyi da dalma da batura da na'urorin ji, har ma da wani kaso na allunan Arduino kansu, kuma waɗannan a ware musu kuɗi kaɗan amma tabbatattu a kowane zango, a hannun shugaban makaranta, ba tare da sai an rubuto takarda zuwa hedikwata kafin a sayi dalma ba. Makarantar da ta dawo da kayanta cif a cikin leda a ƙarshen shekara, ita ya kamata a tambaya.

Bayan kaya sai lokaci da makulli. Darasin minti 40 ba ya isa a fito da kaya a haɗa a gwada a gyara a mayar. Ana buƙatar sa'o'i biyu a jere aƙalla sau ɗaya a mako, kuma a makarantun kwana a bar ɗakin a buɗe da yamma da ranar Asabar a ƙarƙashin kulawar malami da manyan ɗalibai. Ƙungiyar JETS ta matasan injiniyoyi da masana kimiyya, wadda ta daɗe a makarantun ƙasar nan, ita ce gidan da ya dace da wannan aiki, idan aka raya ta ta zama mai aiki duk mako maimakon ta farka gab da gasa.

Game da malamai, gaskiyar magana ita ce da yawa daga cikinmu an koyar da mu ne ta hanyar allo da alli kawai, kuma malami ba ya son ya tsaya gaban ɗalibai da abin da bai iya ba. Bitar kwana biyu a otal ba za ta magance wannan ba. Abin da zai yi aiki shi ne horo na makonni a lokacin hutu, inda kowane malami zai gina ayyukan da zai koyar tun daga farko har ƙarshe, ya koma makarantarsa da abin da ya gina. Wuraren da za a yi wannan suna nan a cikin jiha: Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Hassan Usman Katsina, da Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa, da Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma, da Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya da Jami'ar Sufuri da ke Daura. Akwai kuma 'yan bautar ƙasa da suka karanta injiniyancin lantarki ko kwamfuta, waɗanda za a iya neman a turo su makarantun da ke da tebur. Sai kuma rukunin da ake yawan mantawa da shi, wato masu gyaran waya da talabijin da inbata da masu naɗin kwayil na kasuwa. Waɗannan mutane suna narka dalma tun safe har dare, suna gane mataccen kafasita daga kumburin kansa, suna bin layin fanel da mita har su kamo inda wuta ta tsaya. Ina roƙon a gayyato amintattu daga cikinsu su riƙa zuwa makaranta wasu ranaku, a biya su hakkinsu, a kira su malamai a gaban yara. Shi mai gyara zai koyar da hannu, malamin aji ya bayyana dalili, kuma kowannensu zai ƙaru da ɗan uwansa.

Makarantun 'yan mata su kasance cikin rukunin farko, kada a ce sai an gama da na maza. Namiji yana da lungu da kasuwa da shagon ubangidansa inda zai iya taɓa waɗannan kaya. Yarinya in ba a makaranta ba, da wuya ta samu wani wuri. Aikin kuma aiki ne na tebur, mai buƙatar nutsuwa da tsabtar hannu, wanda mace za ta iya ci gaba da shi a cikin gidanta bayan aure, ta gyara fitilun caji da wayoyin matan unguwa waɗanda ba su son miƙa wayarsu ga maza a kasuwa.

Za a ce ina wutar da za a yi duk wannan. Allon Arduino yana aiki da bolt 5, kuma batirin cajin waya na tafi-da-gidanka zai riƙe shi sa'o'i masu yawa. Faifan sola ɗaya da batir mai bolt 12 za su ɗauki teburin duka in ban da manyan kwamfutoci, kuma haɗa wannan solar shi kansa darasi ne da ɗalibai za su yi da hannunsu. Ana iya rubuta wa allon umarni daga wayar Android ta hanyar 'yar gajeriyar igiya, kuma akwai shafuka irin su Tinkercad da Wokwi inda ɗalibi zai haɗa da'irarsa ya gwada a fuskar kwamfuta kyauta kafin ya taɓa kayan gaske. Waɗannan suna rage ɓarna, amma kada su maye gurbin tebur, domin a fuskar kwamfuta waya ba ta taɓa kwancewa, kuma neman wayar da ta kwance shi ne rabin sana'ar.

Dole in yi maganar kiyaye lafiya, domin 'ya'yan mutane ne. Wutar gida mai bolt 230 tana kisa, saboda haka ɗalibai su tsaya a kan bolt 5 zuwa 12, duk haɗin da ya taɓa wutar gida kuma malami ne zai yi shi a cikin rufaffen akwati. Baturan lithiyam da yara ke cirowa daga matattun kwamfutoci, masu lamba 18650, suna cika ne a bolt 4.2, kuma idan aka wuce haka, ko aka huda su, ko aka haɗa bakinsu biyu da waya, suna iya kamawa da wuta mai wuyar kashewa; kada a yi cajinsu sai da allon caji mai kariya. Manyan kafasitocin tsohuwar talabijin da inbata suna riƙe wuta bayan an zare soket. Dalmar haɗi ta gargajiya gauraye ce ta kuza da dalma, kuma mu da muke maƙwabtaka da Zamfara mun san abin da gubar dalma ta yi wa ɗaruruwan yara a can a 2010 ta hanyar sarrafa duwatsun zinariya. Abin da ke kan teburinmu kaɗan ne, amma ƙa'idar ta zama ba a cin abinci a ɗakin, ba a sa dalma a baki, ana buɗe tagogi saboda hayaƙi, ana kuma wanke hannu da sabulu kafin a fita. Yaran nan suna taɓa waɗannan abubuwa a bola ko da makaranta ko babu, kuma a wurinmu ne kawai za su ji waɗannan ƙa'idoji.

Sai batun gasa. Na taɓa zama cikin alƙalan wata gasar ƙirƙira, inda aka kawo wani aiki mai kyan gani ƙwarai, amma da na tambayi ɗaliban aikin wata 'yar na'ura da ke tsakiyar allon, sai suka dubi malaminsu. Daga baya ta bayyana a kasuwa aka haɗa shi aka biya. Wannan ɗabi'a tana bin yaro har babbar makaranta, inda zai sayi aikin kammala karatunsa, ya fito da takardar injiniya ba tare da ya iya ba. Maganinta yana hannun masu shirya gasa. A daina ba da maki mai yawa a kan fenti da ado. Alƙali ya zare waya ɗaya ko ya sauya resista ɗaya ba tare da ɗaliban sun gani ba, ya ba su mita da minti goma sha biyar su gano su gyara, malaminsu yana waje. A kuma nemi littafin aikinsu, wanda suka rubuta abin da suka gwada da abin da ya ƙone da yadda suka gane. A bar su su yi bayani da Hausa idan a nan bakinsu ya fi sakewa, domin fahimta ake aunawa. Turancin sunayen kaya da na umarni zai zauna musu da yawan amfani.

Na san akwai makarantun da rufinsu ke yoyo, akwai azuzuwan da ɗalibai suka yi wa malami yawa, akwai kuma ƙananan hukumomin da rashin tsaro ya hana yara zaman aji yadda ya kamata. Ban ce a bar waɗannan a kama nawa ba, kuma wanda ya ce su ne gaba ya faɗi gaskiya. Abin da nake cewa shi ne wannan roƙo ba gini yake nema ba; kusurwar ɗakin gwajin da ake da shi ta isa. Kuma a 2025 Gwamnatin Tarayya ta sanar da sabon tsarin darussa wanda cikin sana'o'in da ya zaɓa akwai haɗa wutar sola da kula da ita, akwai kuma gyaran kwamfuta da wayar salula. Waɗannan darussa za su zo mana ko mun shirya ko ba mu shirya ba, kuma idan babu tebur, su ma a allo za a koyar da su. Garin da ya fitar da Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Kashinawi, masanin lissafin da ya yi rubutu a kan hatimin lambobi a 1732 kuma ya rasu a Alƙahira a 1741, garin da aka kafa Kwalejin Katsina a cikinsa a 1921, yana da hujjar ya riga wasu fara wannan aiki.

Shawarata ita ce a fara da makarantu kaɗan, biyu a kowace shiyya ta Katsina da Daura da Funtuwa, ɗaya ta maza ɗaya ta mata. A horar da malamai biyu daga kowace a hutun ƙarshen shekara, a haɗa kowace makaranta da mai gyara ɗaya daga kasuwar garin, a ba su kayan aiki da kuɗin zango uku, a kuma rubuta musu ƙa'idar kaya masu ƙarewa kafin kayan su iso. A ƙarshen shekarar karatu jami'an Hukuma su je ba tare da sanarwa ba, su zaɓi ɗalibai da kansu daga rajista, su ba su ƙwai da resista da mita su ga abin da za su yi. Abin da suka gani shi zai nuna ko a faɗaɗa shirin ko a gyara shi. Ni da wasu malamai 'yan uwana a shirye muke mu rubuta jagoran ayyukan shekarar farko da Hausa da Turanci, mu kuma zo gabanku da tankin gwaji da motar bin layi a duk ranar da kuka ba mu.

Allah Ya yi muku jagora, Ya zaunar da jiharmu lafiya.

Wassalamu alaikum.

Naku cikin girmamawa,
Malamin kimiyyar fiziks, birnin Katsina.